Biki Da Biƙi

Akwai kalmomi biyu a cikin harshenmu waɗanda ba abin da ya raba su a rubuce sai 'yar lanƙwasa guda a kan harafi, watau biki da biƙi. Yaron da ya yi gaggawa wajen shifta ya kan rubuta ɗaya a maimakon ɗaya, malaminsa ya ja masa jan layi. Biki dai kowa ya san shi: taro ne, da kiɗa, da sabon zane, da gudummawar da mata su ke kai wa junansu. Biƙi kuwa shi ne abin da mutanen Kano da Zazzau su ke kira jego, watau kwanakin nan arba'in da mace ta ke yi bayan ta haihu, ana dafa mata ruwa, ana ciyad da ita, har ƙarfinta ya komo. Mu nan ƙasar Sakkwato da biƙi muka fi saninsa.

To, ga tambayar da na ke so mu auna tare, ya ku 'yan makaranta. In an yi haihuwa a gida, abin hannun maigida da na 'yan'uwa kuwa ba shi da yawa, wanne ya fi cancanta a kashe masa, bikin ko biƙin? Wa ya fi hakki a kan kyautar barka, taron da zai zo ya gani ya watse, ko uwar da ke kwance a ɗaki da jaririnta? Kada ku ce wannan zancen mata ne, ko zancen manya. Kowane ɗayanku an yi masa wannan hidima tun bai san kansa ba, kuma nan da 'yan shekaru ku ne za ku tafi barka, ko kuwa a zo muku.

Abin Da Magabata Suka Shirya

Mu fara da duba abin da magabata suka bar mana, don ba daidai ba ne mutum ya soki gini tun bai zaga shi ba. A nan Dogon Daji, da Sanyinna, da Jabo, har Kebbe da Kuchi, tsarin kusan ɗaya ne da na sauran ƙasar Hausa. Tun ciki na wata bakwai ko takwas miji ya kan fara tara itace, don ya san ruwan wanka safe da yamma har kwana arba'in ba ƙaramin itace zai ci ba. In haihuwar fari ce, a kan mai da yarinya gidan iyayenta, ta haihu a gaban uwarta. Ungozoma ta yanke cibiya, ta yi wa jariri wanka, ta riƙa zuwa har a yi suna. A kwana na uku ko na huɗu miji ya sayo ƙafafun saniya da kayan yaji a yi ƙauri, a dama kunun kanwa, mai biƙi ta ci ta sha, a aika wa maƙwabta. Ba ta daka, ba ta surfe, ba ta zuwa rijiya. Wata tsohuwa ko ƙanwa ta kan zo ta zauna da ita, ta ɗauke mata aiki.

Ku lura da abu guda a cikin wannan tsari. Kowane kaya a cikinsa bukata ce ta kira shi: itace don ruwan zafi, nama don mai da jini, kunu don kawo nono, tsohuwa don hutu. Ba ko ɗaya da aka shirya don idon baƙo. Magabatanmu ba su karanta ilimin jiki a makaranta ba, amma sun san mace in ta haihu ta yi asara, tilas a cika mata abin da ta rasa kafin a nemi wani abu daga gare ta. Masu iya magana sun ce, sai da ruwan ciki a ke jan na rijiya. Uwar da ba ta ƙoshi ba, da me za ta ƙosad da wani?

Sa'an nan ran kwana bakwai a yi suna. Maza su taru da sassafe a ƙofar gida, a raba goro da dabino, liman ya yi addu'a, a raɗa suna, a yanka rago, wanzami ya yi aski. Da rana mata su cika gida. Kowace ta zo da abinta, wata turmin atamfa, wata sabulu, wata rigunan jariri, wata kuɗi, wata kuma na gefe tana lura da abin da kowa ya kawo, yanzu ma har a ɗan littafi a ke rubutawa. Wannan shi ne bikin.

Hujjar Masu Biki

Kada mu yi wa biki rashin adalci, yana da hujja mai ƙarfi. Da fari dai, zumunta a ƙafa ta ke. Ran suna ne dangin uwa da dangin uba su ke haɗuwa su shaida cewa wannan yaro nasu ne, kuma yaron da jama'a suka shaida ba zai rasa mai riƙonsa ba in wani abu ya sami iyayensa. Na biyu, gudummawar biki ajiya ce. Matar da ta kai wa ƙawarta zane bana, kamar ta zuba adashi ne, za ta kwasa ran da tata hidimar ta zo. A wurare da yawa ma a kan ninka: ka kawo mini ɗaya in mayar maka da biyu, har abin ya yi nauyi a koma farko. Ga macen ƙauye wadda ba ta da ajiya a banki, wannan dabara ce mai kyau ƙwarai. Baba ta Karo, tsohuwar nan ta ƙasar Zazzau wadda Mary Smith ta rubuta labarin rayuwarta aka buga a 1954, ta yi bayanin yadda ƙawaye su ke ɗaukar nauyin juna a wajen aure da suna tun kafin zuwan Turawa.

Ba kuwa mu kaɗai ke haka ba. Wani masani na ƙasar Faransa, Marcel Mauss, ya bi al'adun ƙabilu da yawa na duniya, a 1925 ya fid da bayani cewa ko'ina ka je kyauta tana tafe da tilas uku: tilas ka bayar, tilas ka karɓa, tilas ka rama. Watau kyauta igiya ce da ke ɗaure mutane da juna. Bahaushe ya riga ya faɗi wannan a taƙaice, da ya ce yaba kyauta tukwici, ya kuma ce don tuwon gobe a ke wanke tukunya.

Duk wannan gaskiya ne, ban musa ko ɗaya ba. Amma igiyar da ke ɗaure kaya a kan jaki, in aka matsa ta ainun, ita ce ke yi wa jakin miki.

Inda Igiyar Ta Matse

Bari mu buga misali da manoma biyu, ba sai mun ba su suna ba, don kowa ya san irinsu a unguwarsu. Dukansu an yi musu haihuwa a tsakiyar damina, lokacin da rumbu ya yi ƙasa, sabon gero bai nuna ba. Dukansu abin da ya rage musu ɗan buhun wake ne da tiyoyin gero da akuya biyu.

Na fari ya ce, ai ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Ya sayad da waken da akuyoyin, ya ci bashi ya cika, ya sayo ƙaton rago wanda ya fi na maƙwabcinsa na bara, da zanen suna kala biyu, da shinkafa da lemon kwalba. Aka yi taro, maroƙa suka wasa shi, kowa ya ce wane ya fita kunya. Ran kwana tara gida ya yi tsit. Naman ya ƙare a bakin baƙi, abin da ya iso ga mai biƙi bai wuce 'yan tsoka ba. Sauran kwana talatin da ɗaya kuwa da kunu tsarara da tuwon miyar kuka lami ta cika su, mai bashi na sallama a ƙofar gida. Atamfofin da aka kawo mata suna jibge a akwati, ba ta iya ci, ba ta kuma iya sayarwa, don ta san kowane turmi sai ta rama shi.

Na biyu ya yanka akuya guda, ya raba goro gwargwadon hali. Ya sa aka soya rabin naman aka adana wa mai biƙi, waken kuma aka bar shi a gida. Ɗayar akuyar ya bar ta ɗaure, ya ce wannan kuɗin mota ne da na magani in ta-kwana ta taso. Mata suka yi ta gunaguni, wata ma ta ce, wannan suna ne ko sadakar uku? Amma da arba'in ta cika matarsa ta fito da ƙarfinta, jaririnta ya yi ɓul-ɓul.

Wanne ne mai kyauta a cikinsu, wanne ne marowaci? In kuka tambayi taro, na fari za su zaɓa. To, amma ku dubi wanda ya amfana da dukiyarsa. Ragon nan sunansa ya saya wa kansa da shi. Ya bayar, gaskiya ne, amma kansa ya ba, ta hannun jama'a. Abin da na ke so ku riƙe ke nan: ba a auna kyauta da abin da ya fita daga hannun mai bayarwa, sai da abin da ya isa ga mai bukata. Guga ko ta cika a bakin rijiya, in tana yoyo, abin da ya kai randa shi ne ruwa.

Wannan magana ta ƙara nauyi a zamanin tsada. Hukumar ƙididdiga ta ƙasa ta ce a watan Yuni na 2024 farashin abinci a Nijeriya ya ɗara na Yunin 2023 da fiye da kashi 40 cikin 100. In kwano ya ragu, baki kuwa bai ragu ba, tilas wani ya kwana da yunwa, kuma galibi wadda ba ta iya fitowa ta yi magana ita ce ke kwana da ita.

Wani zai ce, ai ragon suna addini ne, ba a taɓa shi. I, addini ne, amma mu tambayi malamai yadda addinin ya ajiye shi. A cikin Risala ta Ibn Abi Zaid, wadda kowane almajiri a ƙasar nan ya sani, yankan suna abin so ne, ba farilla ba, kuma dabba guda ta isa, ko namiji aka haifa ko mace. A Muhtasar na Halil ma an karhanta a mai da naman walimar da a ke gayyatar jama'a. Abin da aka fi so a ci a gida, a yi sadaka. Abin da ya ke tilas kuwa shi ne wanda aya ta 233 ta Suratul Baƙara ta ɗora wa uba, watau ci da suturar uwa mai shayarwa, gwargwadon ikonsa. Ashe mutumin da ya ci bashi ya yi gagarumin taro, ya bar mai biƙi da yunwa, ya saki farilla ne ya kama abin da ko mustahabbin ma bai nema ba.

Abin Da Uwa Ke Bukata

Kada ku ɗauka wannan ƙaramin al'amari ne. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa a shekarar 2020 mata kimanin 82,000 suka rasu a Nijeriya ta dalilin ciki da haihuwa, fiye da rubu'in na duniya duka. Binciken lafiyar jama'a na ƙasa na 2018 kuma ya sami mata 58 cikin kowace 100 na masu shekarun haihuwa da ƙarancin jini. Mace mai ƙarancin jini, zubar da wata za ta jure ita sai ta kayad da ita. Ba a cewa kwanon abinci shi kaɗai zai tsare dukan wannan, don akwai aikin asibiti da na awon ciki. Amma kwanon nan shi ne abin da ke hannun kowa.

Me ya kamata ya shiga cikinsa? Abin mamaki, kusan duk a gonakinmu da kasuwanninmu ya ke. Hanta da nama da busasshen kifi suna mai da jini. Wake da gyaɗa da ƙwai suna gina jiki. Zogale da alayyafo da rama suna da amfanin da ya fi kuɗinsu. Fura da nono, da kunun gyaɗa, da man shanu a kan tuwo suna ba da ƙarfi, mai shayarwa kuwa tana bukatar ƙarin abinci kullum fiye da yadda ta saba, kamar ƙarin kwano guda a yini. Saboda haka wanda ya kai tiyar wake, ko ƙwan zabi goma, ko kaza, ya kai abin da zai zama jini da nono. In ya ƙara da hikima, ba zai kai ran suna ba, sa'ad da abinci ya yi yawa har yana lalacewa. Sai ya bari har sati na uku ko na huɗu, lokacin da ƙafa ta ɗauke, kowa ya manta da ita.

A nan tilas mu ce wani abu game da kanwa da ruwan zafi, don girmama al'ada bai hana a gyara ta ba. Akwai wani ciwon zuciya da ke kama mata bayan haihuwa. Alamunsa su ne kumburin ƙafafu, da haki, da tari da dare, har mace ta kasa kwanciya sai a zaune. Ya yi yawa a ƙasar Hausa fiye da galibin ƙasashen duniya. A shekarun 1970 wasu likitoci biyu a asibitin Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, Davidson da Parry, suka bi shi da bincike, suka zargi yawan kanwa, wadda ke da gishiri mai tara ruwa a jiki, da kuma kwanciya a kan gadon ƙasa mai wuta a ƙarƙashi. A 2007 likitocin asibitin koyarwa na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo a Sakkwato suka ba da labarin samunsa wajen sau ɗaya a cikin haihuwa ɗari a asibitinsu. Binciken da aka yi daga baya a Kano da wasu asibitocin ƙasar nan bai ɗora wa kanwa laifin duka ba. Ya fi nuna rama, da talauci, da hawan jini na masu ciki. To, ko ta wace fuska aka duba, darasin ɗaya ne. A rage kanwa, balle ga mai hawan jini. Ruwan wanka ya zama mai ɗumi, ba mai salɓe fata ba. A ƙara abinci mai gina jiki. In kuwa aka ga kumburi da haki, ko zubar jini mai yawa, ko zazzaɓi mai zafi, kada a ce sanyi ne ya shige ta a ƙara wuta. A kai ta asibiti a ranar. Kun ga amfanin akuyar nan da manomi na biyu ya bari ɗaure.

Abin Da Jariri Ke Bukata

Shi kuwa jariri, wace kyauta za a kai masa? Ku yi tunani, me ya sani game da takalmi da hular ado? Bukatarsa huɗu ce: nono, da ɗumi, da tsabta, da tsari daga cuta.

Kyautarsa ta fari Allah ya riga ya ajiye masa a ƙirjin uwarsa, ita ce dakashi, nonon nan mai kauri mai ɗorawa-ɗorawa da ke fitowa a kwanakin farko. Da can a kan matse shi a zubar, wai ƙazanta ne, alhali kuwa yana cike da abubuwan da ke kare jariri daga cuta, har likitoci na kiransa rigakafin farko. Shawarar Hukumar Lafiya ta Duniya ita ce a sa jariri a nono cikin awa guda da haihuwarsa, kuma tun 2001 ta tsai da cewa a ba shi nono zalla har wata shida, ba ruwa, ba jiƙo, ba kunu. Za ku ce, da zafin nan na Sakkwato a hana yaro ruwa? Ai nonon uwa fiye da kashi 80 cikin 100 nasa ruwa ne, tsabtatacce kuma, ba kamar na randa ba. A shayad da uwa, ita ta shayad da ɗa. Duk da haka binciken nan na 2018 ya nuna jarirai 29 kaɗai cikin 100 ke samun nono zalla a Nijeriya.

Saboda haka gwangwanin madarar jarirai da kwalbar sha, waɗanda wasu ke kaiwa don a ce su 'yan boko ne masu kuɗi, kyauta ce mai haɗari, sai fa inda likita ya ce a bayar don wata larura. Madarar na da tsada, in ta kusa ƙarewa a kan tsinka ta da ruwa. Kwalbar na da wuyar wankewa, ƙuda ya sauka a kanta, sai gudawa. Nonon uwa kuma in jariri ya rage tsotso sai ya ja baya. Don haka ne ƙasashen duniya suka yi ƙa'ida a 1981 ta hana tallar irin wannan madara ga iyaye mata. Zuma ma, duk da albarkarta, ba a ba yaron da bai shekara ba, don ta kan ɗauko wata ƙwayar cuta da hanjin jariri bai iya yaƙi da ita ba.

Ga kuwa kyaututtukan da ba su da kwarjini a gaban taro, amma suna tsare rai. Gidan sauro, don zazzaɓin cizon sauro na cikin manyan masu kashe yara a ƙasarmu. Sabulu, don duk mai ɗaukar jariri ya wanke hannu. Tsofaffin zannuwa masu laushi, wankakku, don goyo da shimfiɗa. Da kuma ɗan man nan na shafa wa cibiya, mai suna kulohezidin, wanda gwamnatin Jihar Sakkwato ta fara rabawa a garuruwa da ƙauyuka a 2013. Yana hana cibiya ruɓewa, ya fi toka da man goge baki da a ke shafawa, sai dai a kiyaye kada ya kusanci ido. Sa'an nan a raka uwa ɗakin shan magani a yi wa jariri allurar tarin fuka da ta ciwon hanta, a ɗiga masa maganin shan inna, a koma a sati na 6 da na 10 da na 14, da kuma wata na 9 don ƙyanda.

Akwai ƙasar da ta mai da wannan tunani doka. A Finlan, can arewacin Turai, tun 1938 gwamnati ke ba matalautan mata masu ciki akwatin kwali cike da kayan jariri, a 1949 aka mai da shi na kowa da kowa, bisa sharaɗin mace ta je awo tun cikin na ƙarami. A ciki akwai tufafi da mayafi da 'yar katifa, kwalin kansa ya zama gadon jariri. Ɗan minista da ɗan leburan hanya a kwali iri ɗaya su ke fara barci. Ban ce mu kwaikwaye su a kome ba, kowace ƙasa da irin tata. Abin lura kaɗai shi ne, da suka zauna shirya kyauta, tambayar da suka yi ita ce me jariri ke bukata.

Maganar Kunya

Saura hujja guda, ita ce mafi wuya. Wata za ta ce, Malam, duk na ji, amma ƙawata ta kawo mini turmin atamfa bara, yaya zan shiga gidanta da tiyar wake? Ai sai a yi da ni a gari.

Wannan ba abin dariya ba ne. Gori na da ciwo, kuma wadda ta karɓa lalle ta rama, don bashi ne, ko da an sa masa sunan kyauta. Ban ce kowa ya ci amanar biki ba. Abin da na ke cewa shi ne mu daina ruɗin kanmu, mu kira kowane abu da sunansa. Abin da aka rubuta a littafi ana jiran ramuwa, wannan ajiya ce, a biya ta cikin mutunci, ƙawaye kuma su yarda a tsakaninsu su sassauta ninki in zamani ya yi tsanani. Amma bayan an biya, kada a ce an gama. Kyauta ta gaskiya tana nan ba a yi ba tukuna, ita ce wadda ba a rubutawa, ba a shelarta, ba a jiran ta komo. Ku dubi kuma wadda tsarin ramuwa ya kan manta da ita: baƙuwar da aka auro daga nesa ba ta da ƙawaye, da matar da mijinta ya tafi ci-rani Ikko ko Fatakwal, da wadda ba ta taɓa samun abin kaiwa gidan kowa ba. Wadda ta fi kowa bukata ita ce ke samun mafi ƙaranci, don ba ta zuba ba balle ta kwasa. Nan ne a ke gane mai alheri da mai ciniki. An ce ɗa na kowa ne. In haka ne, ɗan matalauciya ma na kowa ne.

Kunya kuwa, mu tambayi kanmu wace ce ta fi girma: a ce ragon wane ƙarami ne, ko a ce matar wane ta fita arba'in tana jiri? Mun koya wa kanmu jin kunyar ta fari, mun manta da ta biyu. Abin da aka koya kuwa ana iya sake shi, kuma a bakin masu tasowa a ke sakewa.

Rabonku A Ciki

Za ku ce, mu yara ne, ba mu da ko sisi. To, ku ne ma kuka fi kowa abin bayarwa. Yaro na iya cika wa mai biƙi randa kullum kafin ya tafi makaranta, ya faskara mata itace ran Asabar. Yarinya na iya kai mata niƙa, ta wanke mata zannuwa, ta janye yayyen jariri su yi wasa a waje, uwar ta sami barcin awa guda, wanda a wajenta ya fi turmin atamfa. Ku da kuka iya karatu kuna iya duba katin allura ku tuna mata ranar komawa. In kuka ji ana shirin zubad da dakashi, ko ɗura wa jariri ruwa, ku faɗi abin da kuka koya, amma cikin ladabi. Ku durƙusa ku ce, Inna, ga abin da aka koya mana, ko za a tambayi malamar asibiti? Ilimin da ya zo da raini ba ya shiga zaure, balle ɗaki.

Ba nufina a kashe biki ba. A raɗa suna, a yi addu'a, a raba goro, dangi su ga juna su yi murna, don haihuwa abin murna ce. Amma biki yini guda ne, biƙi kwana arba'in, shayarwa kuwa shekara biyu. Mai hankali ya kan raba guzurinsa gwargwadon nisan tafiya, ba ya cinye shi a zangon farko don abokan tafiya su yaba. In za ku tafi barka, yau ko gobe, ku tsaya a ƙofar gida ku tambayi zuciyarku, abin nan da ke hannuna, wa zai ci, wa zai sa, wa zai huta saboda shi? In amsar ita ce uwa ko ɗanta, ku shiga da farin ciki, kome ƙanƙantarsa, gama alheri danƙo ne, ba ya faɗuwa ƙasa banza.

Allah ya raya abin da aka haifa, ya ba iyaye mata lafiyar shayarwa, mu kuma ya ba mu ikon yin alheri inda ya dace, amin.